Ɗa ya kira ubansa a gaban duniya: yadda siyasa ta shiga gidajen Benezuwela

A ƙarshen watan Afrilu na 2017 ina zaune a ɗakin malamai ina gyaran takardun ɗalibai, sai wani abokin aikina ya miƙo mini wayarsa, ya ce, "Malam, kai da kake koyar da tarihi, kalli wannan ka gaya mini." Wani saurayi ne ke magana da Sifaniyanci, an rubuta fassarar Faransanci a ƙasa. Sunansa Yibram Saab, ɗalibin shari'a a Karakas, babban birnin Benezuwela. Wanda yake yi wa magana kuwa mahaifinsa ne, Tarek William Saab, wanda a lokacin yake riƙe da muƙamin Mai Kare Haƙƙin Jama'a, wato jami'in da tsarin mulkin ƙasar ya ɗora wa nauyin tsaya wa talaka idan hukuma ta zalunce shi. A ranar 26 ga watan an kashe wani ɗalibi ɗan shekara 20 mai suna Juan Pablo Pernalete a wurin zanga-zanga. Yibram ya ce shi ma yana kan titi a ranar, shi ma jami'an tsaro sun far musu, kuma gawar nan tana iya zama tasa. Ya roƙi uban da ya tsaya ya yi tunani, ya yi abin da ya wajaba a kansa.

Na mayar wa abokina da wayarsa ba tare da na ba shi amsa ba. Ni uba ne kafin in zama malami, don haka tambayar da ta tsaya mini a rai ita ce: me ke faruwa a gida har ɗa ya kasa gaya wa mahaifinsa magana a tsakar gida, sai ya ɗauki kyamara ya gaya masa duniya na kallo? Tun daga ran nan nake bin tarihin ƙasar nan. Abin da na fahimta shi ne, mutanen Benezuwela sun daɗe suna saɓani a kan siyasa suna kuma cin abinci a akushi ɗaya. Gidajensu sun fara tsagewa ne lokacin da ra'ayin mutum ya zama shi ke yanke hukuncin ko zai riƙe aikinsa, ko zai samu abinci, ko zai kwana a ɗakinsa. Bari in bi labarin daki-daki.

Benezuwela ƙasa ce a arewacin Kudancin Amurka, mai arzikin man fetur, mai mutane wajen miliyan 30 kafin hijirar da za mu zo kanta. Mutanenta masu riƙon zumunci ne. Yaro, kai har magidanci mai furfura, idan ya shiga wurin mahaifiyarsa ko zai fita, sai ya nemi albarkarta da kalma ɗaya, ita kuma ta ce Allah ya yi masa albarka. A watan Disamba dangi kan taru su yi wani abinci mai suna hallaca, ƙullun masara ne da nama a ciki, a naɗe shi a ganyen ayaba a ɗaure da zare, kamar yadda ake naɗe alala. Aikin ya fi ƙarfin mutum ɗaya. Kaka ce ke dafa naman, wasu na wanke ganye, wasu na shimfiɗa ƙullu, yara na ɗaure zare. Ku riƙe wannan hoton, don za mu dawo gare shi.

A ranar 23 ga Janairun 1958 aka kori shugaban mulkin soja Marcos Perez Jimenez. A watan Oktoba na shekarar manyan jam'iyyu suka ƙulla yarjejeniyar da aka sani da Punto Fijo, suka amince za su mutunta sakamakon zaɓe su kuma raba muƙamai. Daga nan har shekara 40 jam'iyyu biyu ne ke karɓa-karɓa: AD mai farin launi da COPEI mai kore. A gida ɗaya ana samun uba ɗan AD, suruki ɗan COPEI, a yi ta zolaya a wurin biki, a watse lafiya. Kada a ɗauka zamanin ba shi da aibi. Katin jam'iyya yana buɗe ƙofar aiki, cin hanci ya yi katutu, an kuma ware ƴan kwaminis daga yarjejeniyar, wasunsu suka shiga daji da bindiga. Amma wanda jam'iyyarsa ta faɗi ya san bayan shekara biyar akwai wani zaɓe, kuma kuɗin mai, musamman bayan da ƙasa ta karɓe harkar a 1976 ta kafa kamfanin PDVSA, yana isa ya ɗan jiƙa kowa.

Da kuɗin ya ragu sai ɓarakar ta fito. A watan Fabrairun 1983 darajar kuɗin ƙasar, boliba, ta faɗi. A ranar 27 ga Fabrairun 1989, bayan da gwamnatin Carlos Andres Perez ta ƙara kuɗin mai bisa shirin Asusun Ba da Lamuni na Duniya, direbobi suka ƙara kuɗin mota, tarzoma ta tashi a garin Guarenas ta bazu zuwa Karakas. An fasa kantuna, aka fito da soja, suka buɗe wuta a unguwannin talakawa. Gwamnati ta ce mutum 276 suka mutu, daga baya kuma aka tono kabarin bai-ɗaya a babbar maƙabartar kudancin birnin. Talakan da ke kan duwatsun Karakas bai manta da wannan ba. Shi ya sa da wani laftanar kanal mai suna Hugo Chavez ya yi yunƙurin juyin mulki a ranar 4 ga Fabrairun 1992 ya kasa, ya fito a talabijin ya ɗauki alhakin abin da ya yi, mutane da yawa suka ga namiji. Ya yi shekara biyu a kurkuku, ya fito ya shiga siyasa, a watan Disamban 1998 ya ci zaɓe da kashi 56 cikin 100.

A nan ne ƴan gida ɗaya suka fara ganin mutum ɗaya da ido biyu. Ga wanda ya tashi a unguwar Catia ko Petare, Chavez nasa ne: ɗan ƙauyen Sabaneta, baƙi-baƙi kamarsa, iyayensa duka biyu malaman firamare, kakarsa ce ta rene shi. Daga 2003 ya kawo likitocin Kuba suka zauna a cikin unguwannin da ba su taɓa ganin likita ba, ya buɗe ajin yaƙi da jahilci na manya, ya kafa kantunan abinci masu rahusa. Ga ƙanensa kuwa, wanda ya yi karatu ya samu aiki ya koma gabashin birni, Chavez sojan da ya taɓa ɗaukar bindiga a kan zaɓaɓɓiyar gwamnati ne, abokin Fidel Castro, mai tattara iko a hannunsa. Kowane daga cikinsu yana da hujjar da za a iya taɓawa da hannu. Da a nan aka tsaya, da gardamar ba ta wuce ta ɗan AD da ɗan COPEI ba.

Abu na farko da ya canja shi ne sunaye. Tun watan Mayun 1999 Chavez ya buɗe shirinsa na ranar Lahadi, Alo Presidente, inda yakan yi awa shida ko fiye yana magana, yana waƙa, yana ba ministoci umarni. Lahadi kuwa ita ce ranar da iyali ke taruwa cin abincin rana. A bakinsa ƴan adawa suka zama escualidos, wato ramammu marasa ƙarfi, daga baya aka ƙara musu da marasa kishin ƙasa da ƴan koren Amurka. Su ma ƴan adawa ba su yi shiru ba. A gidajen talabijin masu zaman kansu da hirar masu hali ana kiran magoya bayan Chavez gungun ƴan iska, jahilai, har da birai. Ku duba abin da wannan ke nufi a tsakar gida. Uwa tana zaune, a damanta ɗan da shugaban ƙasa ya kira maci amanar ƙasa, a hagunta ɗan da maƙwabtan ɗan'uwansa ke kira biri. Wata malamar nazarin halayyar jama'a a Babbar Jami'ar Benezuwela, Mireya Lozada, ta yi shekaru tana rubutu a kan wannan: yadda abokin hamayya ya koma abokin gaba a tunanin mutane, yadda aka raba unguwanni da dandali, wannan na ja ne, wancan na adawa.

Malamai da iyaye za su so sanin cewa rigima ta farko da ta fito da jama'a kan titi a zamanin Chavez a kan makaranta aka yi ta. A watan Oktoban 2000 gwamnati ta fitar da doka mai lamba 1011, wadda ta ƙirƙiro sufetoci masu yawo da ke da ikon ba da shawarar a tsoma baki a shugabancin makaranta, har da masu zaman kansu. Gwamnati ta ce gyaran ilimi take so. Iyaye da yawa suka ga hanya ce ta cusa wa yara aƙidar gwamnati, suka fito a farkon 2001 da taken da ke nufin kada a taɓa musu ƴaƴa. Daga baya, a 2011, aka raba littattafan karatu kyauta a makarantun gwamnati, aka sake wata gardamar a kan yadda littattafan tarihi ke yabon Chavez suna kushe shekaru 40 da suka gabace shi. Yaro ya dawo gida da tarihi iri ɗaya a jaka, ya tarar da wani iri a bakin mahaifinsa. Ni da nake koyar da wannan darasi na san nauyin da ke kan malamin da aka sa a tsakiya.

Abu na biyu shi ne jini da aiki. A ranar 7 ga Afrilun 2002 Chavez ya kori wasu manyan jami'an PDVSA kai tsaye a talabijin, yana kiran sunansu ɗaya bayan ɗaya yana busa usur kamar alƙalin wasa. A ranar 11 ga watan aka yi gagarumin jerin gwano, aka karkata shi zuwa fadar shugaban ƙasa inda magoya bayan gwamnati suka taru. Mutum 19 suka mutu, daga ɓangarorin biyu. Wasu hafsoshi suka tsare Chavez, shugaban ƙungiyar ƴan kasuwa Pedro Carmona ya rantsar da kansa, ya rusa majalisar dokoki da kotun ƙoli da doka ɗaya. Bai cika kwana biyu ba jama'ar unguwanni da sojoji masu biyayya suka dawo da Chavez. Tun daga nan kowane gida ya samu tambayar da ba ta da amsa mai daɗi: ina kake a ranar 11, kuma ka yi tafi a ranar 12? Mai goyon bayan Chavez ya ga ɗan'uwansa ya yi murna da juyin mulki. Ɗan adawa ya ga ɗan'uwansa yana kare waɗanda yake zargi da harbin masu jerin gwano.

A ranar 2 ga Disamban 2002 ƴan adawa suka shiga yajin aikin gama-gari, ma'aikatan mai suka bi, aka yi wata biyu ƙasa a tsaye. Aka yi Kirsimeti a layin gidan mai, talakawa suka koma girki da itace saboda babu gas. Da yajin ya karye gwamnati ta kori ma'aikatan PDVSA fiye da 18,000. A garuruwan mai, kamfani ne ke da gidaje da makarantu da asibiti, don haka wanda aka kora ya rasa su duka. A watan Satumban 2003 dakarun tsaron ƙasa suka shiga rukunin gidajen Los Semerucos a jihar Falcon da asuba, da hayaƙi mai sa hawaye, don fitar da iyalan waɗanda aka kora. A irin waɗannan garuruwa wa da ƙane, suruki da suruki, suna aiki a kamfani ɗaya. Wani ya shiga yajin ya rasa komai, wani ya ci gaba da zuwa aiki aka ɗaga shi zuwa kujerar da ta zama babu kowa. Wannan ya wuce gardamar baki.

Abu na uku, wanda a ganina ya fi kowane ɓarna, shi ne jerin sunaye. Tsarin mulkin 1999, wanda Chavez da kansa ya kawo, ya ba jama'a damar tattara sa hannu su nemi a yi ƙuri'ar tsige shugaba. A ƙarshen 2003 mutane fiye da miliyan 2 da dubu 400 suka sa hannu, kowa da sunansa da lambar katinsa. A farkon 2004 wani ɗan majalisa na ɓangaren gwamnati, Luis Tascon, ya ɗora jerin a intanet, da hujjar kowa ya duba ko an yi amfani da sunansa ba da saninsa ba. Nan da nan jerin ya zama matattarar ma'aikata. Ministan lafiya na lokacin, Roger Capella, ya faɗa a bainar jama'a cewa za a kori waɗanda suka sa hannu, kafin daga baya ya janye maganar. Chavez ya ci ƙuri'ar a ranar 15 ga Agustan 2004 da kashi 59 cikin 100, a 2005 kuma ya ce a binne jerin, wanda hakan kansa amincewa ce cewa ana aiki da shi. Bai binnu ba. An zuba shi a wata manhaja mai suna Maisanta, ana sayar da faifanta a bakin titi. Wasu masana tattalin arziki huɗu da suka bi sawun waɗanda suka sa hannu sun gano kuɗin shigarsu ya ragu da wajen kashi 5 cikin 100. A 2018 Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta nahiyar Amurka ta yanke hukunci cewa an kori wasu mata uku, ciki har da lauya Rocio San Miguel, daga aikin gwamnati ne saboda sun sa hannu.

Ku yi tunanin abin da jeri irin wannan ke yi wa dangi. A da mutum yana iya ɓoye ra'ayinsa ga surukarsa, a zauna lafiya. Yanzu duk mai lambar katinka zai san abin da ka yi. Ɗan'uwan da ke da muƙami, wanda al'ada ta ɗora wa nauyin samar wa ƙannensa aiki, sai ya duba ya ga sunan ƙanen a jerin. In ya taimake shi ya sa kujerarsa a haɗari, in ya ƙi ya ci amanar jini. Wanda bai sa hannu ba don tsoron rasa albashi kuwa, ƴan'uwansa na adawa suka kira shi matsoraci mai sayar da kai.

Tsagewar ba ta bar manyan gidaje ba, har da na Chavez. Tsohuwar matarsa Marisabel Rodriguez, wadda ta zauna a majalisar da ta rubuta tsarin mulkin 1999, ta fito ta yi kamfe a kan gyaran tsarin mulkin da ya nema a 2007, kuma a ranar 2 ga Disamba ya sha kaye da ƙaramin rinjaye. Janar Raul Baduel, wanda suka yi rantsuwar gwagwarmaya tare tun 1982, wanda dakarunsa na Maracay suka taimaka aka dawo da shi a 2002, shi ma ya soki gyaran. An kama shi a 2009 bisa zargin almundahana, ya rasu a tsare a watan Oktoban 2021, bayan an ɗaure ƴaƴansa maza biyu a lokuta dabam-dabam. Ga gidan Villegas: mahaifinsu Cruz Villegas jagoran ƙwadago ne ɗan kwaminis da ya sha ɗauri a zamanin Perez Jimenez. Ɗansa Vladimir ya shugabanci talabijin na gwamnati, ya yi jakada, daga baya ya raba gari da tafiyar ya zama ɗan jarida mai suka. Ƙanensa Ernesto ya zama ministan watsa labarai, shi ne ke karanta sanarwar rashin lafiyar Chavez a watanninsa na ƙarshe. Ga kuma Didalco Bolivar, tsohon gwamnan jihar Aragua, yana ɓangaren gwamnati, ƴarsa Manuela kuwa ta zauna a majalisa a jam'iyyar adawa ta Voluntad Popular. Nono ɗaya, tarbiyya ɗaya, hanya biyu.

Chavez ya rasu a ranar 5 ga Maris 2013. A zaɓen watan Afrilu Nicolas Maduro ya samu kashi 50.6, Henrique Capriles ya samu 49.1. Ƙasa ta rabu gida biyu kusan daidai wa daida. Sai farashin gangar mai ya faɗo daga wajen dala 100 a tsakiyar 2014 zuwa ƙasa da 30 a farkon 2016. Kantuna suka bushe, magani ya ɓace. Binciken da manyan jami'o'i uku suka yi a 2017 ya nuna kusan mutum biyu cikin uku sun rame, matsakaicin abin da suka rasa kilo 11. Babban bankin ƙasar da kansa ya ce hauhawar farashi a 2018 ta haura kashi 130,000 cikin 100. A 2016 gwamnati ta kafa kwamitocin unguwa da ake kira CLAP masu raba kwalin abinci mai rahusa gida-gida, a 2017 ta fito da wani sabon kati na samun tallafi, a ranar zaɓe kuma ana kafa jajayen rumfuna kusa da rumfar zaɓe don duba katin. Mai riƙe da jerin kwalin abinci maƙwabciya ce, sau da yawa inna ce ko ƴar baffa. Yanzu gardamar teburi ta koma ta yunwa. Ɗa ya ce wa uwarsa ƙuri'arta ce ta jawo wannan. Uwa ta ce takunkumin Amurka, na kuɗi a 2017 da na mai a 2019, wanda shugabannin adawa suka yi maraba da shi, shi ya kashe ƙasa. Ɗan ya tuna mata cewa yunwa ta riga takunkumi zuwa. Ita kuma ta tuna masa da wanda ya fara kawo likita unguwarsu.

Abin da faɗa ya fara, nisa ya ƙarasa. Alƙaluman Majalisar Ɗinkin Duniya sun nuna fiye da mutum miliyan 7 da dubu 700 sun bar ƙasar, wato wajen mutum ɗaya cikin huɗu. Kolombiya kaɗai ta karɓi kusan miliyan 3. Dubbai sun tafi da ƙafa daga garin Cucuta na bakin iyaka, suna haye duwatsu masu tsananin sanyi, zuwa Bogota, Ekwado da Peru. Ƙungiyar kare haƙƙin yara ta Cecodap ta ƙiyasta a 2019 cewa yara fiye da 900,000 ne aka bari a gida, uba ko uwa ko duka biyu sun tafi, yawanci a hannun kaka. Malamai ma sun tafi ko sun koma talla, har a makarantu da yawa yara na zuwa aji kwana biyu ko uku a mako. Sai ga wani sabon al'amari: tsohon da ya rantse da Chavez yana rayuwa da kuɗin da ƴarsa ƴar adawa ke aiko masa daga Lima ko Santiyago. Ita tana aikowa don ubanta ne, shi yana karɓa don babu yadda zai yi, maganar siyasa kuwa an rufe ta da shiru. Hallacar da ke buƙatar hannu goma ta koma hannun tsohuwa da jikoki, sauran suna kallo ta waya.

Shirun nan ma ba na ladabi kaɗai ba ne. A watan Nuwamban 2017 aka kafa dokar hana ƙiyayya mai hukuncin ɗaurin da zai iya kai shekara 20, kuma an gurfanar da mutane saboda saƙon da suka tura a WhatsApp. Bayan zaɓen 28 ga Yulin 2024, wanda hukumar zaɓe ta ba Maduro, ƴan adawa kuma suka wallafa takardun rumfuna masu nuna Edmundo Gonzalez ne ya ci, an kama mutum fiye da 2,000, gwamnati ta kuma nemi jama'a su kai rahoton masu zanga-zanga ta wata manhajar waya. Zauren dangi na WhatsApp, wanda shi ne tsakar gidan da ya rage wa iyalin da suka warwatsu, ya zama wurin da ake auna kalma kafin a rubuta.

Mu koma ga saurayin da na gani a wayar abokina. Mahaifinsa ya amsa a lokacin cewa yana mutunta ra'ayin ɗansa kuma yana ƙaunarsa, amma bai sauya hanya ba. Game da mutuwar Pernalete, ministan watsa labarai, wato Ernesto Villegas ɗin nan, ya nuna cewa wata bindigar kashe dabbobi ce aka yi amfani da ita, abin da ke kawar da zargi daga jami'an tsaro. Babbar mai gabatar da ƙara, Luisa Ortega Diaz, wadda ita ma tsohuwar ƴar tafiyar ce, ta fito ta ce gwangwanin hayaƙi mai sa hawaye ne da dakarun tsaron ƙasa suka harba masa a ƙirji. A watan Agustan 2017 aka tsige ta, aka naɗa Tarek Saab a kujerarta. Mutum fiye da 120 suka mutu a zanga-zangar shekarar. Sai a watan Mayun 2021, shekara huɗu bayan saƙon ɗansa, Tarek Saab ya tsaya gaban ƴan jarida ya ce gwangwanin hayaƙi ne ya kashe Pernalete, ya kuma sanar da tuhumar dakaru 12. Shi ne kuma ya sanar da duniya rasuwar Janar Baduel a kurkuku bayan wata biyar.

Ga abin da na ɗauka daga wannan tarihi, a matsayina na malami kuma uba. Harshe da haƙori ma suna saɓawa, kuma gidan da ba a gardama a cikinsa gidan tsoro ne. Abin lura shi ne matakan da aka bi. An fara da laƙabi, babba ya faɗa a talabijin, yaro ya maimaita a filin makaranta. Aka zo ga ɗaura aiki da abinci a kan ra'ayi. Aka ƙare da jerin sunaye a hannun maƙwabci. A kowane mataki akwai mutanen kirki da suka yi shiru saboda wanda abin ya shafa ɗan wancan ɓangare ne, sun manta cewa wancan ɓangaren yana kwana a ɗakin da ke kusa da nasu. Shi kansa Tascon da ya wallafa jerin, jam'iyyarsa ta kore shi daga baya bayan ya yi zargin cin hanci a cikin gida.

Tun daga ran nan na canja abu biyu. A aji, idan muka zo darasin da ya raba kan mutane, nakan sa ɗalibi ya kawo hujjar ɓangaren da ba ya so, ya faɗe ta yadda mai ita zai yarda cewa haka yake nufi, kafin in ba shi damar rusa ta. Ban kuma yarda a kira kowane rukuni na mutane da sunan dabba ko na cuta a ajina ba, ko da wasa ne. A gida kuwa, babban ɗana ya kai shekarun da yake ganin ban san komai ba a kan yadda ya kamata duniya ta tafi. Wani lokaci maganarsa na ɓata mini rai har in ji kamar in ce ya tashi ya ba ni wuri. Sai in tuna da Yibram da kyamararsa, in ce masa ya ƙarasa maganarsa, in ba shi tawa amsar, sannan in tura masa kwanon tuwo gabansa.